Mai Tuƙi da Mai Mashi

Zulai mai suyar kifi ce a bakin tashar Madarumfa. Da hantsi masunta ke kawo mata karfasa da tarwaɗa daga tabki, ta kankare, ta wanke, ta barbaɗa gishiri da yaji, kafin azahar ƙamshi ya game tasha. Ta ba arba'in baya, 'ya'yanta sun tasa, kuma ba a san ta da wasa ba. Shi ya sa da aka fara cewa ita ce ke bin mutane tana tambayar wani tsohon wasan tele, wato talabijin, sai aka ɗauka zolaya ce.

Yayanta Ashiru ne sanadi. Direban kamyo ne, babbar motar kaya, ya daɗe yana ɗaukar wake da albasa daga Maraɗi, ya bi ta Ɗan Issa, ya shiga Katsina. Bara da damina taya ta fashe masa a kan wata kwana, mota ta kwanta, ta danne masa hannun dama. A asibiti aka ceto hannun ba a yanke ba, amma yatsun suka lanƙwashe, suka ƙi miƙewa. Tuƙi ya ƙare.

Tun daga nan ya koma gida ya zauna. Ya shimfiɗa tabarma gindin itacen bedi na tsakar gida, ya cusa hannun cikin aljihun riga, ba ya fitar da shi ko a gaban matarsa Indo. Abokai suka yi ta zuwa gaisuwa, yana amsa musu sama-sama, har suka rage zuwa. Likita ya ba shi ƙwallon roba ya riƙa matsawa, ya miƙa wa yaran maƙwabta. Salla ma a ɗaki yake yi. Inna, mahaifiyarsu, ta yi faɗa, ta yi lallashi, ta koma addu'a kawai. Kullum bayan la'asar Zulai takan kai masa kifi mai zafi, ya ce, "An gode," ya ture kwanon gefe.

Wata ranar kasuwa Atika, malamar asibiti, ta zo sayen kifi. Tana zaune a benci tana jiran a kwashe, sai ta kwantar da wayarta a hannu biyu ta shiga dannawa. Wani siririn kiɗa ya fito, kamar ana busa karan dawa. Zulai ta tsaya da matsami a hannu. Ta san irin wannan sautin.

Lokacin tana ƙarama, akwai wani Ilyasu Mai Tele da ya kafa rumfar zana a bayan tasha. Yana da tele da batirin mota da wata na'ura mai cin kaset. Yara maza ke shiga, mata ba sa shiga. Ba wanda ya taɓa faɗin haka da baki, amma kowa ya sani. Zulai takan ajiye tiren gyaɗar Inna ta manna ido a wata ɓula ta zana. Wasan da aka fi so shi ne wanda yara suka sa wa suna Ɗan Kwale-kwale: mutum biyu a jirgin ruwa suna haura kogi, na baya yana tuƙi, na gaba yana jifa da mashi, ga kadoji, ga dorina, ga duwatsu. Ashiru ne gwanin tuƙi a duk garin. Amma ba wanda ya taɓa ganin ƙarshen kogin, domin ko dai batiri ya mutu, ko masu jiran layi su yi ta ihu har a karɓe.

"Malama, mine ne wanga?" Zulai ta tambaya.

"Wasannin da ne, na zamanin kaset," Atika ta ce tana dariya. "Kada ki gaya wa majinyata."

"A cikin waya? Ina kaset ɗin ya shiga?"

Atika ta matso ta nuna mata. Ta ce akwai wani abu da ake sa wa waya, emilater sunansa, aikinsa ya sa waya ta kwaikwayi tsohuwar na'urar. Kaset ɗin kuma an kwafe abin da ke cikinsa ya koma ɗan fishiye, abin da ake ajiyewa a waya, wanda bai kai nauyin hoto ɗaya ba. In ka haɗa su biyun, wasa ya tashi.

"Akwai na kwale-kwale? Mutum biyu, ɗaya da mashi?"

"Ban taɓa ganinsa ba. Nawa 'yan kaɗan ne. Amma masu tura waƙa a Ɗan Issa suna da su jibge. Kawo wayarki in tura miki emilater ɗin tukuna."

Kifin da ke cikin kasko ya ƙone ranar. Zulai ba ta ko damu ba.

Tun a nan aka fara rigima da waya. Da aka tura, sai ta fito da wani rubutu ta ƙi karɓa. Atika na sauri, mota na jiranta, domin an mayar da aikinta garin Gabi a makon. Ta ce, "Ki shiga parametir, wurin saitin waya, ki ba ta izini, sauran mu yi ta murya," ta tafi. Zulai ta zauna da Faransancin da ta baro a aji shida, tana haɗa baƙi da baƙi, leɓenta na motsi. Ta shiga wurin da bai kamata ba, haske ya dushe. Ta gyara, harshen wayar ya juye zuwa wani da ba ta taɓa gani ba. Sai da ta bi hotunan gefe a hankali ta dawo da shi. Daga ƙarshe ta ga wurin izinin, ta taɓa, abu ya shiga. Wani ɗan hoto ya bayyana a fuskar wayar. Ta buɗe, ta tarar da shi wayam, ba kome ciki.

Ta fara da neman sunan wasan. Ilyasu Mai Tele yana nan da ransa, ya tsufa, yanzu garka yake yi a bakin tabki. Ta same shi yana ban ruwa ga salati da tumatir. Bayan gaisuwa ta faɗi abin da ya kawo ta. Ya ajiye bokiti ya dube ta da kyau.

"Ke ce ɗiyar da ke ɓula mini zana?"

"Ni ce, Baba. A gafarce ni."

Ya yi dariya har da tari. Ya ce sunan wasan ko shi bai sani ba, rubutun da ke jikin kaset ɗin kamar sawun kaji yake. Abin da ya tuna, kaset ɗin ruwan ɗorawa ne, kuma in an kunna, kifi ne ke fara tsalle kafin kiɗa ya tashi. Na'urar kuwa tuni ta lalace, yara suka fasa suka ɗebe wayoyin ciki.

"In kin same shi, ki aiko a kira ni," ya ce. "Shekaru na yi ina kallon bayan kawunan yara, ban taɓa ganin inda kogin nan ya ƙare ba."

Ranar da ba ta suya ta hau mota zuwa Ɗan Issa. Ta ratsa masu canji da layin manyan motoci, ta sami rumfar masu turi. Mai rumfar ya ɗauka ɗanta take nemar wa. Da ta ce ita ce da kanta, ya ɗaga kai ya sake dubanta, sannan ya cika mata kart memuwar, ɗan katin ajiya na waya, da duk abin da yake da shi na wasannin da. Ya ce shi ma bai san wane ne wane ba, haka aka kawo masa su.

Da ta dawo ta sa kart ɗin, emilater ya ce bai ga kome ba. Ta aika wa Atika murya. Rezo, wato sabis na waya, a Gabi sai an hau tudu, amsa ba ta zo ba sai washegari. Atika ta ce wasannin a ƙunshe suke, sai an kwance su, a zuba su a dosiye ɗaya, kamar jaka a cikin waya, sannan a nuna wa emilater inda dosiyen yake. Zulai ta saurari muryar ta sake saurare, tana yi tana tsayawa. Da ta gama ta buɗe, sai ga sunaye sun zubo, jeri mai tsawo, yatsa ya gaji da ja ba a kai ƙasa ba. Wasu da boko, wasu da lambobi kawai, wasu da sawun kajin da Ilyasu ya faɗa.

Ta taɓa na farko, fuskar waya ta yi baƙi. Na biyu ma baƙi. Ta ɗauka ta lalata wayar. Wata muryar Atika ta warware mata: na'urorin da ba iri ɗaya ba ne, kowane wasa da tasa, sai ta zaɓa wa emilater wadda zai kwaikwaya. Zulai ba ta san sunan na'urar Ilyasu ba, saboda haka ta bi su ɗaya bayan ɗaya har wata ta amsa. Kiɗa ya tashi, wani ɗan mutum ya fito yana gudu a kan bulo. Ta buga guɗa ita kaɗai a bakin murhu, 'yan tasha suka waiwayo.

Daga nan sai nema. Tsakanin azahar da la'asar, lokacin da ciniki ke lafawa, takan wanke hannu da sabulu, domin man kifi na sa yatsa santsi a kan gilashi, ta zauna ta riƙa buɗewa tana rufewa. Ta ga jiragen sama, ta ga masu dambe, ta ga motocin tsere, ta ga wani biri mai jifa da kwakwa. Wasu suka ja ta har ta manta abin da take nema. Makonni suka wuce. Mijinta ya ce ta kusa zama yarinya, ta ce bai san rabi ba.

Wata Laraba ta taɓa wani suna mai lambobi zalla. Fuskar waya ta yi shuɗi. Wani kifi ya yi tsalle daga ƙasa, ya faɗa ruwa, kiɗa ya biyo.

Zulai ba ta yi guɗa ba wannan karon. Ta rufe baki da gefen mayafi, ta daɗe tana kallo. Ga kogin nan kore, ga ɗan jirgin, ga mutum biyun. Sun fi yadda take tunawa ƙanƙanta.

Ta kwashe kifi ta nufi gidan Ashiru tun la'asar ba ta yi ba.

"Yaya, dubi abin da na samo."

Ya kalli wayar, idonsa ya tsaya a kai ɗan lokaci, sannan ya kau da kai.

"Zulai, da girmanki? Wasan yara ne wanga."

"Na kawo ne mu yi tare."

"Da wane hannun?"

Indo da ke tankaɗe a gefe ta sunkuyar da kai. Zulai ta ajiye kwanon kifin. Ta zauna a bakin tabarmarsa, ta juya masa baya kaɗan, ta ƙure murya, ta fara wasa ita kaɗai. In mutum ɗaya ne, shi ke tuƙi shi ke jifa, kuma ita ba ta taɓa riƙe abin ba a rayuwarta, kallo kawai ta sani. Dutsen farko ya fasa mata jirgi. Ta sake, kada ya haɗiye ta. Ta sake, dutsen nan dai. Duk mutuwa da kiɗanta, wani ɗan sauti mai gangarowa kamar ana yi wa mutum dariya.

Haka ta yi ranar, haka ta yi washegari. A rana ta uku, tana dosar dutsen, sai ta ji murya a bayanta.

"Hagu."

Ta yi kamar ba ta ji ba, ta bugi dutsen.

"Na ce hagu! Ba a bin tsakiya a nan, ruwa na ja. Ki manne da gaɓa sai kin wuce itacen can."

"To ai na manne."

"Ba ki manne ba. Kai, Zulai, kina kashe mutane a banza. Miƙo nan."

Ta miƙa masa. Ya ɗora wayar a cinya, ya sa babban yatsan hagu, jirgi ya lallaɓa ya wuce dutsen kamar an shafa masa mai. Amma da kada ya taso, madannin jifa yana can dama, hannu ɗaya ba ya kai wa biyu. Kada ya haɗiye shi. Ashiru ya ajiye wayar a tabarma a hankali.

"Kin gani," ya ce.

"Na gani. Wasan na mutum biyu ne dama. Kai tuƙi, ni mashi. Ka ba ni lokaci."

Ta sake komawa Ɗan Issa ta samo manet guda biyu, abin riƙewa mai madannai na yin wasa, irin waɗanda ke haɗuwa da waya ba tare da igiya ba. Haɗa su ma wani aiki ne. Ta farko ta kama, ta biyu ta ƙi. Da ta biyun ta kama, sai dukansu suka koma tuƙa mutum ɗaya, mai mashi yana tsaye kamar gunki. Wannan karon ba ta jira Atika ba. Ta shiga cikin emilater ta yi ta bincike har ta ga inda ake cewa wannan ta ɗan wasa na ɗaya ce, wannan ta na biyu. A nan ne kuma ta ci karo da abin da ba ta san akwai ba: ana iya sauya wa kowane madanni aiki. Mai tuƙi yana da madanni ɗaya a dama, na zabura, wanda ke sa jirgi ya yi tsalle. Ta ɗauke aikin daga can ta mayar da shi kan madannin da ke kafaɗar manet ta hagu, daidai inda yatsa ɗan ali zai kwanta. Ta gwada da hannu ɗaya, ta ɓoye ɗayan a bayanta. Ya yi.

Da ta kai wa Ashiru, ya juya manet ɗin yana dubawa. Ta nuna masa. Ya danna, jirgi ya zabura. Ya sake dannawa.

"Wa ya yi miki wanga?"

"Ni na yi."

Ya dube ta, ya gyara zama. Suka jingina wayar da tulu, suka fara.

Ba su dace da juna ba da farko. Shi yana tuƙi da sauri irin na direba, ita tana jifa bayan kada ya wuce. Ya yi mata tsawa, ta rama. Ya ce ba ta da ido, ta ce shi ne ba ya tsayar da jirgi. Inna ta leƙo daga ɗaki a tsorace, ta ɗauka faɗa ne na gaske, Indo ta ja ta gefe tana murmushi ta ce ta ƙyale su. Tun da aka dawo da shi daga asibiti ba a ji ya ɗaga murya ba sai yanzu. Ranar ya cinye kifin, har ya tambayi ko akwai saura.

Sannu a hankali hannunsu ya zo ɗaya. Suka wuce kadoji, suka kashe babbar dorina, suka kai gangaren ruwa inda yara suke tsayawa a da. Magariba ta gabato, Zulai za ta tafi gida. Ta danna wani wuri, ta ce ta ajiye, gobe daga nan za su tashi.

"Kamar yaya kin ajiye?"

"Emilater na riƙe wurin da ka tsaya. Ko ka kashe waya, yana nan."

Ashiru ya ɓata fuska. "Wanga ha'inci ne. Mu a da in ka mutu daga farko kake komawa."

"Shi ya sa ba wanda ya gama a cikinku."

Suka yi ta ja. Daga ƙarshe suka shirya a kan cewa za a ajiye ne kawai in an gama mataki, ba a tsakiyar faɗa ba. Ya ce wannan kamar direba ne ya kwana a tasha, ba laifi.

Bayan gangaren ruwa duk abin da suka gani sabo ne. Kogi ya shiga kogon dutse, ya fito cikin daji, ya ratsa wani gari da ruwa ya cinye. Labari ya fita. Ɗanlami, abokin Ashiru na ƙuruciya wanda a da shi ke riƙe masa mashi, ya zo da sunan gaisuwa, ya zauna bai tashi ba. Washegari ya dawo da wasu. Ashiru yakan ɗora manet a gwiwa ya danne ta da tafin hagu, hannun dama na aljihu, in wasa ya yi zafi sai ta riƙa zamewa.

Ranar da suka ga kogi ya buɗe, kiɗa ya sauya, suka san sun zo ƙarshe. Zulai ta ajiye, ta ce ba za a taɓa ba sai an kira Ilyasu.

Aka taru bayan la'asar ta Juma'a. Ilyasu ya zo da sandarsa, aka ba shi kujera a gaba. Maza suka durƙusa a baya, mata suka tsaya ta wajen madafa, Inna na kan tabarmarta da carbi. Duk wannan taro a kan waya ɗaya da ke jingine da tulu.

Ruwa ya dare, wani ƙaton kifi ya taso, ya cika rabin fuskar wayar.

"Giwan ruwa ne!" Ɗanlami ya ce.

Kifin ya buɗe baki ya tsotso ruwa, jirgi ya tafi ciki. Suka mutu tun ba su yi jifa ɗaya ba. Suka sake. Ashiru ya gane in ya zabura daidai lokacin da bakin ya buɗe, za su tsira. Amma duk mashin da Zulai ta jefa sai ya yi tsalle ya dawo, kamar ta jefi dutse. Suka mutu, suka sake, suka mutu.

"Yaya, kai ni gefensa," ta ce. "In ya juya, akwai wani ja da ke buɗewa a bayan kunnensa. Nan nake sa wuƙa kullum."

Ya kewaya da jirgi. Kifin ya juya, jan ya buɗe, ta jefa. Kifin ya yi fari, ya yi ƙara. Tsakar gida ta ɗauki ihu. Ta sake samunsa, ta sake. Ya fara ja da baya yana fidda kumfa.

Sai wayar ta yi ƙara, wasa ya ɓace, suna ya fito a fuskarta. Wani mai gidan abinci ne ke kira, yana son kifin gobe.

"Kashe! Kashe!" mutane suka haɗa baki.

Ta katse kiran. Da ta koma, emilater ya rufe kansa, faɗan ya tafi. Ilyasu ya dafe kai. Wani ya yi salati. Ashiru ya rufe ido, Zulai ta zaci zai ajiye manet ya ce a bari.

"Ajiyarmu na nan?" ya tambaya.

"Tana nan, daga bakin faɗan."

"To rufe rezon nan, kada kowa ya sake samunmu. Ko gwamna ne."

Ta rufe, ta ɗauko ajiyar, ruwa ya sake darewa. Ashiru ya zabura, ya kewaya, ta jefa. Kifin ya fusata, ya riƙa bugun ruwa da wutsiya, igiyar ruwa na zuwa ta kowane gefe. Gumi ya jiƙa tafin Ashiru, manet ta zame daga gwiwarsa za ta faɗi. Sai ga hannun dama ya fito daga aljihu, ya tare ta. Ya danne ta da bayan lanƙwasassun yatsun, a gaban kowa, idonsa bai bar wayar ba. Indo ta gani, ta kama hannun Inna. Jirgi ya daidaita.

"Yanzu, Zulai!"

Ta jefa. Kifin ya tsaya cak, ya yi fari, ya yi ja, ya kife ciki sama, ya nutse a hankali.

Indo ce ta fara guɗa, sauran mata suka amsa. Ɗanlami ya tashi yana tsalle da ƙaton cikinsa, hularsa ta faɗi cikin kwanon ruwa. Maƙwabta suka leƙo ta katanga suna tambaya ko haihuwa aka yi. Ilyasu ya ɗaga sanda ya ce a yi shiru, bai gama kallo ba. A fuskar wayar ɗan jirgin ya ci gaba shi kaɗai, gaɓa ta ƙare, ruwa ya zama shuɗi ba iyaka, rana ta fito daga cikinsa. Mutum biyun suka ɗaga hannu. Rubutu ya riƙa hawa sama, ba wanda ya iya karanta ko baƙi ɗaya.

"Ashe teku suka nufa," Ilyasu ya ce. "Duk shekarun nan, ashe teku."

Ashiru ya fashe da dariya, irin wadda ke fitowa daga ciki, har hawaye. Ya dubi hannunsa a kan manet, ya dubi mutane, bai mayar da shi aljihu ba.

"Wa ya tuƙa?" ya ce wa Ɗanlami.

"Kai ka tuƙa. Amma wallahi ta fi ni mashi."

"Ta fi ka nesa."

Zulai ta kwashe manet ɗin tana goge su da gefen zane, bakinta ya ƙi rufuwa. Ta buɗe rezo, ta aika wa Atika murya, amma hayaniya ta yi yawa, abin da ya fita kawai shi ne, "Malama, mun kai!" Da aka kira magariba Ɗanlami ya miƙe, Ashiru ya ce ya dakata ya ɗauko takalmi, tare za su tafi.

Kafin kaka ta shigo ya sami aiki a tasha, yana tsara lodin motocin Ɗan Issa. Direbobi na jin maganarsa, domin ya san hanyar ya san kaya. Rumfarsa ba ta da nisa da murhun Zulai. Ita ta sa masa emilater a tasa wayar, kuma wannan karon ba ta tambayi kowa kome ba.

Wata rana da ciniki ya lafa ya zo ya zauna a bencinta, ya ce ya gaji da zama jirgi ɗaya da ita, a samo wasan da za su kara da juna. Ta ce akwai na 'yan kokawa da ta gani tun lokacin nema. Ta gyara masa madannai duka suka koma hagu, suka jingina waya da kwandon albasa. 'Yan tasha suka kewaye su.

Ba a daɗe ba ɗan kokawarta ya sunkuci nasa ya maka da ƙasa.

"Manet ɗin nan ta lalace," Ashiru ya ce.

"To mu yi musanya."

Suka yi musanya, ta sake gyara madannai, ta sake kayar da shi.